Wa ya kashe shirin Nat King Cole, masu kallo ko masu talla?

Ɗan Fagge:
Salamu alaikum jama'ar gida. Jiya da daddare an ɗauke mana wuta, zafi ya hana ni barci, na shimfiɗa tabarma a tsakar gida ina latse-latsen waya har na faɗa kan wani tsohon bidiyo mai baƙi da fari a YouTube, wani baƙar fata cikin kwat ya zauna gaban fiyano yana waƙa yana murmushi, murya kamar ana tsiyaya zuma. Nat King Cole. Da na bi diddigi ashe shirinsa ne na kansa a tashar NBC, an fara 5 ga Nuwamba 1956 an rufe a Disamba 1957, shekara ɗaya da 'yar ɗoriya kenan, wai kuma abin da ya kashe shi ba a samu kamfanin da zai ɗauki nauyinsa a faɗin ƙasar ba. To ni abin da ya ɗaure min kai, mutumin da faifansa ke tafiya kamar ƙosai da safe ya za a ce an rasa mai talla? Anya ba mutane ne ba sa kallo ba aka fake da maganar wariya? Kawu Mai Rediyo na san kana nan kana karantawa ka yi shiru.

Auta_99:
wa alaikumussalam yaya. kai da aka dauke maka wuta maimakon ka tattala caji sai ka kare a kallon mutanen da suka mutu tun kafin a haifi babanmu hhh

Kawu Mai Rediyo:
Wa alaikumus salam. Auta ka bar yayanka, ai gara wannan da abin da kuke kallo. Ɗana, kafin a zo kan Cole sai ka fara gane yadda talabijin ɗin Amurka take a farkon nan, don ba irin ta yanzu ba ce da za ka ga talla goma ta kamfani goma a tsakiyar shiri ɗaya. A lokacin kamfani ɗaya ne ke sayen lokacin gaba ɗaya, masu yi masa talla su ke shirya abin, su zaɓi wanda zai fito da wanda ba zai fito ba, ita tasha kusan haya kawai take bayarwa. Shi ya sa ma sunan shirin sunan kamfanin ne. Na Milton Berle da aka fara a 1948 sunansa Texaco Star Theater, Texaco ɗin nan dai ta gidan mai da muka sani a nan, ƙarti huɗu ne ke fitowa da kakin masu zuba mai su buɗe fage da waƙar kamfani. Colgate na da nata shirin ran Lahadi. Dinah Shore motar Chevrolet take wa waƙa, in za ta rufe ta cillo wa masu kallo sumba da hannu. Perry Como, wanda asalinsa mai aski ne, taba Chesterfield ce ta riƙe shi. Arthur Godfrey kuma shayin Lipton, har ya riƙa zolayar takardar tallar da aka rubuto masa a gaban jama'a kuma shayin ya yi ta sayuwa. Ka ɗauke shi kamar mawaƙin fada da ubangidansa. Mawaƙin da ba shi da ubangida ko muryarsa ta fi ta kanari wa zai ba shi doki da riga?

Ɗan Fagge:
Na gane Kawu, Allah ya ƙara girma. Amma ai shi wannan ubangidan ba don Allah yake yi ba, riba yake nema, in dai ana kallo me zai hana shi zuba kuɗi?

Malamin Tarihi:
Bari in ɗan sa baki kafin Kawu ya dawo. Maganar wai ba a kallo ba ta tsaya ba, saboda da minti 15 aka fara shirin, a Yulin 1957 NBC ta mayar da shi rabin awa, kuma ita ce ke biya daga aljihunta. Tasha ba ta ƙara wa shirin da ya mutu lokaci. Manyan mawaƙa irin su Ella Fitzgerald da Harry Belafonte da Peggy Lee da Sammy Davis Jr. sun riƙa zuwa suna karɓar mafi ƙarancin kuɗin da ƙungiyarsu ta yarda a biya, don dai abin ya tsaya da ƙafarsa. An samu masu talla na gari-gari, kamar wani kamfanin giya a New York, amma babban kamfani mai sayar da kaya a duk ƙasar babu wanda ya yarda, tsoronsu kar fararen jihohin Kudancin ƙasar su ƙaurace wa kayansu. Kuma ba tsoron banza ba ne in ka duba zamanin, a Afrilun 1956 ɗin nan wasu fararen fata suka haura dandamali a Birmingham ta jihar Alabama suka far wa Cole yana tsakiyar waƙa, kuma a gaban farare 'yan uwansu yake wasan. Da ya gaji shi ya ajiye shirin da kansa, ya faɗi maganar nan da ta shahara cewa titin Madison na tsoron duhu. Titin Madison nan ne matattarar kamfanonin talla a New York. Ka ga ya yi habaici ya kuma kama suna a lokaci guda.

Ɗan Maraɗi:
Malam ban ƙi taka ba amma akwai inda maganar ba ta zamna mini ba. Ed Sullivan fa? Wanga mutum tun 1948 yake saka baƙar fata ga tele ran Lahadi da dare, lokacin da kowa ke gida, su Louis Armstrong, su Ella ɗin da ka ambata, shi kansa Cole ya sha zuwa, daga baya su Supremes da James Brown har yaran nan Jackson 5 a 1969. Kuma kamfanin mota ne ke ɗaukar nauyinsa, Lincoln da Mercury, ba su gudu ba, shekara 23 yana yi. To in wariya ce kaɗai mi ya sa ba ta kashe nasa ba? Ni ina ganin wataƙila shirin Cole ɗin ne ya cika sanyi, mutum na zaune ga fiyano yana murmushi, a lokacin da yara ke neman abin da zai girgiza su.

Anti Bronx:
Ƙanina Ɗan Maraɗi amsar tana cikin tambayarka. A wurin Sullivan su baƙi ne, a wurin Cole shi ne mai gida. Baƙo ya zo ya yi minti uku a tafa masa ya fita, farin mai gida ya dawo ya ce ku sayi mota. Amma Cole shi ne zai buɗe, shi ne zai ce wa farar mace sannu da zuwa gidana, shi ne zai tsaya kusa da kayan kamfanin, fuskarsa ta zama fuskar sabulun ko man goge bakin. Wannan ne ba su iya haɗiya ba. Ku duba ko a gida, mutum nawa ne za su kira mawaƙi biki su yi masa liƙi har ƙasa ta rufe, amma ya ce yana son 'yarsu a ga yadda fuska za ta canza? Ni kusan kullum in na shiga Manhattan ina wucewa ta gaban gidan wasan da ake ɗaukar shirin Sullivan a kan Broadway, har yau sunansa ne a jiki da manyan haruffa, nan David Letterman ya koma yana nasa shirin daga 1993.

Auta_99:
anti ta daure mu da jijiyoyin jikinmu wlh. maganar likin nan ta taba wani a gidan nan amma bazan kama suna ba

Malamin Tarihi:
Hajiya Anti ta faɗi abin da nake ta kewaye. Ƙarin shaida, a 1957 ɗin dai Alan Freed na da shirin kiɗan matasa a ABC, aka hasko wani yaro baƙar fata mawaƙi Frankie Lymon yana rawa da wata farar yarinya, tashoshin Kudu suka yi caa, aka rufe shirin bayan 'yan makonni. Har a 1968 fa, shekara goma sha ɗaya bayan nan, Petula Clark 'yar Ingila ta dafa hannun Belafonte suna waƙa tare, wakilin kamfanin motar da ke biyan kuɗin ya ce a sake ɗauka, ta ƙi, aka watsa a haka. Dafa hannu kawai.

Ɗan Maraɗi:
To Anti na karɓi rabi. Baƙo da mai gida, wannan ta shiga. Amma ku ba Sullivan haƙƙinsa, an yi ta rubuto masa wasiƙun zagi don ya sumbaci kuncin Pearl Bailey kuma yana ba baƙaƙe hannu gaban kyamara, bai fasa ba. Mai tsoro ba ya haka.

Kawu Mai Rediyo:
Na dawo, na je masallaci ne. Shi Sullivan abin mamakinsa shi ne ba ya waƙa, ba ya rawa, ba ya ba da dariya, ɗan jarida ne mai shafi a Daily News ta New York, in ya tsaya a dandamali kamar an dasa turmi, kafaɗa a ɗage, ga shi yana tuntuɓe da sunayen baƙinsa. Masu kwaikwayo sun ci abinci da shi sosai. Amma yana da ido, dillali ne na gaske. Sunan shirin da farko Toast of the Town, ranar 20 ga Yuni 1948 aka fara a CBS, Dean Martin da Jerry Lewis na cikin na ranar farko, sai a 1955 aka mayar da shi sunansa. Tsarin kuwa in ka taɓa zuwa dandali ran sallah a da ka gama gane shi, nan 'yan kama na ba da dariya, can gardi da macijinsa, ga mai wasa da biri, ga 'yan hoto, ga mai kalangu. Haka yake jera su cikin awa ɗaya, mai waƙar opera ta gama sai mai juya faranti a kan sanda, sai karnuka masu tsalle, sai 'yan rawa daga Rasha, sai 'yar tsanar ɓeran nan Topo Gigio don yara. Ba shi ya ƙirƙiro ba, gadon gidajen wasan vaudeville ne da sinima da rediyo suka kashe, talabijin ta zo ta tono 'yan wasan daga inda suka ɓuya. Kuma dalilin cakuɗawar a fili yake, akwati ɗaya ne a gida, kaka da jika da uba duk shi suke kallo, dole kowa a sammasa nasa. In abin da ake yi bai yi maka ba ka yi haƙuri minti huɗu naka na zuwa.

Malamin Tarihi:
Kawu akwatin ma ba kowa ke da shi ba da farko. A 1950 gida 9 ne kacal cikin 100 ke da talabijin a Amurka, kafin 1960 ya kusa 90. Kuma irin waɗannan shirye-shiryen ne suka sayar da akwatin, shi ya sa ake ce wa Berle Mista Talabijin, ran Talata da dare maƙwabta su cika falon mai akwati, NBC ma ta ɗaure shi da kwantiragin shekara 30 a 1951 kar wani ya ɗauke shi. Wani abin da mutane ba su sani ba, kafin Maris 1948 ƙungiyar makaɗa ƙarƙashin James Petrillo ta hana 'ya'yanta yin kiɗa kai tsaye a talabijin, sai da aka sasanta, shi ya sa za ka ga duk manyan shirye-shiryen kiɗan nan a 1948 suka ɓarke kamar an buɗe dam.

Auta_99:
kawu ai mu ma munyi wannan, gidan mai akwati a layinmu sai ka wanke kafa kafin a barka ka shiga, in dan gidan yayi fushi dakai ranar ta taga zaka kalla

Anti Bronx:
Hhh Auta ka tuna min. Amma bari in koma kan Ɗan Maraɗi da gwaninsa. Kafin Cole akwai wata mata, Hazel Scott, haifaffiyar Trinidad, gwanar fiyano ce ta bugawa a jarida, matar ɗan majalisa Adam Clayton Powell na Harlem. Tashar DuMont ta ba ta shirinta na minti 15 a Yulin 1950, ita ce mai gida, ita da fiyanonta cikin shiga ta mutunci, macen da tun farko ta ƙi yin wasa a zauren da aka raba farare da baƙaƙe. Sai sunanta ya fito a wani ɗan littafi da ke jera waɗanda ake zargi da kwaminisanci a rediyo da talabijin, ta je gaban kwamitin majalisa da ƙafarta a Satumba don ta wanke kanta, mako guda bayan nan aka rufe shirin. Wata uku bai cika ba. To masu buga wannan jerin sunayen, Sullivan yana tare da su, yana tuntuɓarsu kafin ya gayyaci mutum. Ba na ce shi ya kore ta ba, amma tukunyar da ta dafa ta yana cikin masu iza mata wuta.

Ɗan Maraɗi:
Anti wanga zargi babba ne fa.

Malamin Tarihi:
Ba zargi ba ne ɗan uwa, sananne ne. A farkon 1950 ya saka wani mai rawa Paul Draper, farar fata ne ma, aka yi masa ca cewa mutumin na da ra'ayin gurguzu, kamfanin Ford ya ji zafi, Sullivan ya rubuta takardar ban haƙuri, daga nan ya shiga taitayinsa ya riƙa tace mutane. Wato inda ya ga zai iya ja da ubangida ya ja, inda ya ga tuwonsa zai zube ya durƙusa. Kuma mutum ne mai son a bi umarninsa, a Nuwamba 1955 ya ce wa Bo Diddley ga waƙar da zai yi, ta wani ce da ke tashe a lokacin, shi kuma ya hau ya yi tasa mai ɗauke da sunansa, bai sake taka wurin ba. Bob Dylan a 1963 da aka ce ya canza waƙa ya ɗauki jitarsa ya fice, kodayake wannan jami'in tashar ne ya hana ba Sullivan ba, a yi adalci. 'Yan Rolling Stones a 1967 sun yarda sun canza baiti, mawaƙin nasu yana yi yana juya ido don a san dole aka yi masa.

Ɗan Fagge:
Ni labarin mawaƙin nan Elvis Presley na sani, ai shi ne ranar farko da ya zo Sullivan ya ce a haska shi daga ƙugu zuwa sama kawai saboda rawar da yake yi ko?

Malamin Tarihi:
A'a, ba ranar farko ba ce, zuwansa na uku ne, 6 ga Janairu 1957. Ranar farko 9 ga Satumba 1956 Sullivan ma ba ya nan, yana jinyar haɗarin mota, ɗan wasan Ingila Charles Laughton ne ya riƙe masa, kuma mutum wajen miliyan 60 suka kalla. Abin dariyar shi ne da farko Sullivan cewa ya yi yaron bai dace da shirin iyali ba. Sai abokin hamayyarsa Steve Allen na NBC ya ɗauko shi a Yuli, ya sa masa kwat mai jela ya sa shi ya yi wa wani kare mai dogon kunne waƙarsa ta Hound Dog, wulaƙanci dai, amma daren ya doke Sullivan a yawan masu kallo. Nan take tarbiyya ta tafi hutu, aka biya Elvis dala 50,000 na zuwa uku. Mawaƙan Ingila Beatles kuma da suka zo 9 ga Fabrairu 1964, mutum miliyan 73 suka kalla.

Ɗan Maraɗi:
To ai kun dawo kan magana ta, yawan masu kallo shi ke magana. Da Cole ya tara miliyan 60 da titin Madison ya daina tsoron duhu.

Anti Bronx:
Ƙanina kai ma ka san ba a gwada mai minti 15 da aka ba shi ba kuɗin kayan ado, ba kuɗin biyan baƙi, da mai awa guda ran Lahadi da kamfanin mota a bayansa. An ɗaure wa mutum ƙafa an ce ya yi tsere. Kuma kiɗan da Elvis ya tara miliyan 60 da shi daga ina ya ɗebo? Waƙar karen nan ma wata baƙar mace ce Big Mama Thornton ta fara yin ta a faifai, shekara uku kafin shi.

Auta_99:
ni tambayata daban ce, meyasa bidiyoyin nan duk suke dishi dishi kamar an dauka ta cikin labule, kuma fuskokin suna wani haske kamar fatalwa? kamarar ce bata da kyau ko me

Kawu Mai Rediyo:
Yauwa Auta, yau ka yi tambayar mutane, wannan fagena ne. Abin da kake gani ba shi mutanen 1950 suka gani ba, nasu ya fi wannan kyau. Shirye-shiryen nan kai tsaye ake yin su, in ka yi tuntuɓe duk ƙasa ta gani, kuma babu kaset ɗin bidiyo a duniya a lokacin. To in ana son a ajiye ko a aika wa tashar da waya ba ta kai ba, sai a kafa kyamarar fim a gaban gilashin talabijin ta ɗauki hoton hoton, kineskop ake ce masa. Ka san in ka ɗauki hoton allon talabijin da wayarka yadda yake fitowa, to haka, ga shi talabijin ɗinsu hoto 30 take yi a daƙiƙa shi kuma fim 24, sai an yi dabara an zubar da wasu. Baƙi ya ƙara baƙi, fari ya ƙone. Har farar riga ba a so a gaban kyamarorin nan don tana walƙiya, shuɗiya mai haske ake sawa. Sai a Satumba 1951 aka haɗa gabas da yamma da layi ɗaya, kuma duk da haka akwai tazarar awa uku tsakanin New York da Kalifoniya, sai a ɗauka a fim a can, a wanke shi da gudu, a saka shi cikin awa ukun nan yana ɗumi. Kamfanin Ampex ne ya fito da na'urar kaset a 1956, faɗin zaren inci biyu, injin kamar firji biyu. To nan kuma wata musibar ta shigo, kaset ɗin na da tsada kuma ana iya gogewa, sai aka riƙa ɗora sabo a kan tsoho. Na DuMont kuwa, tashar da Hajiya ta ambata, ta rufe a 1956, daga baya a shekarun 1970 aka kwashi yawancin fina-finan ajiyarta aka zubar a ruwan New York. Shi ya sa na Hazel Scott sai dai labari.

Ɗan Fagge:
Innalillahi. To ya aka yi na Sullivan suka cika YouTube tsaf-tsaf?

Kawu Mai Rediyo:
Saboda shi yana da hannu a mallakar shirinsa kuma an adana, a 1990 iyalinsa suka sayar wa wani mai shirya fina-finai Andrew Solt da ajiyar gaba ɗaya, sama da awa dubu. Shi ya sa ku yaran yanzu kuke ganin kamar shi kaɗai ya yi zamani. Kuma kar mu yi wa Amurkawa dariya. Ni da hannuna, a tashar da na yi aiki, ba zan faɗi suna ba, na goge kaset ɗin wani babban makaɗi da ya zo da mutanensa ya yi mana kusan awa biyu a situdiyo, aka ce babu kaset kuma ga taron rantsar da wasu kwamishinoni da yamma, oga ya ce ɗauko wancan. Na ce ranka ya daɗe wannan fa na wane ne, ya ce ai yana nan da ransa za a sake kiransa. Ba a sake kiran ba har Allah ya karɓi abinsa. Wallahi har yau in na tuna sai in ji wani abu ya tsaya min a wuya, kwamishinonin nan ko sunan ɗaya ban riƙe ba.

Anti Bronx:
Allah sarki Kawu. Allah ya jiƙansa, kai ma ba laifinka ba ne.

Ɗan Maraɗi:
Amin. Kawu to mi ya kashe irin wanga shiri baki ɗaya? Don yanzu ban ga mai haɗa opera da kare a awa ɗaya ba.

Malamin Tarihi:
Abubuwa ne suka taru. Na farko kiɗan ne ya canza. Akwai wani shiri Your Hit Parade na taba Lucky Strike, daga rediyo ya dawo talabijin a 1950, duk mako mawaƙan gida su huɗu za su rera waƙoƙi bakwai da suka fi tashe, in waƙa ta yi wata biyu a sama dole duk mako a sake mata sabon wasa da sabon ado. Wannan ya yi aiki lokacin da waƙar ake so ko wa ya rera. Da rok ya zo sai ya zama mai waƙar ake so, yara ba sa son wani baba mai nakatayal ya rera musu waƙar Elvis, a 1959 shirin ya mutu. Na biyu bayan badaƙalar shirye-shiryen kacici-kacici a ƙarshen shekarun 1950, da aka gano ana ba wasu amsa a ɓoye, tashoshi suka ƙwace iko daga hannun kamfani ɗaya suka koma sayar da talla minti-minti. Na uku gidaje suka fara sayen akwati na biyu, yara suka shige ɗakinsu. A 1971 CBS ta sallami Sullivan, ABC ta sallami Lawrence Welk mai akodiyon da kumfar sabulu, ba don ba a kallo ba sai don tsofaffi ne ke kallo kuma masu talla matasa suke nema. Welk ya yi taurin kai ya riƙa sayar wa tashoshi da kansa har 1982. A Janairun 1971 ɗin ne kuma aka hana tallar taba a talabijin.

Anti Bronx:
Kuma Malam ka lura, da aka daina dogara da ubangida ɗaya ne Flip Wilson ya samu shirinsa a NBC a 1970 ya zama na biyu a duk ƙasar. Baƙar fata, mai gida. Cole bai gani ba, ya rasu a Fabrairu 1965 yana da shekara 45, kansar huhu, mutum ne mai shan taba sosai.

Ɗan Maraɗi:
Ko kuma zamani ne ya canza Anti, an yi dokar 'yancin jama'a a 1964, ba tsarin talla kaɗai ba. Ni dai har yanzu rabi na karɓa.

Kawu Mai Rediyo:
Ku biyun nan sai an raba ku da ruwa. Mu dai abin da ya iso mana nan daga wannan zuriyar shi ne Soul Train na Don Cornelius, wanda ya faro a Chicago a 1970, shi muka kalla muna samari muka tara suma muka ɗinka wando fantalo, mahaifina ya ce in na sake shigo masa gida da wannan kan zai kira wanzami har ɗaki. Lokacin da Cole ke fama ma babu talabijin a ƙasar nan, ta Ibadan 1959 aka buɗe, ta Kaduna 1962. A 1959 ɗin ne kuma Miriam Makeba ta fito a shirin Steve Allen, mai karen nan, daga nan Amurka ta san ta.

Auta_99:
kawu da suma da fantalo?? dan Allah akwai hoto? zan biya kudin data

Kawu Mai Rediyo:
Akwai, yana wurin gwaggonku kuma ta san abin da zai biyo baya in ya fita.

Ɗan Fagge:
Hhh Kawu a yi mana rai. Anti dan Allah in kin sake wucewa ta Broadway ki ɗauko mana hoton gidan wasan. Yanzu na samo wanda Cole ya yi da Ella Fitzgerald, tana tsaye gefen fiyano suna ba juna baiti, zan turo nan in ya gama sauka, caji na saura kashi 6 kuma har yanzu ba su kawo wutar ba.